Tambayoyi da Amsoshi: Gyaran Ajiyar Wasa da Fayilolin Girkawa a Buɗaɗɗiyar Na'urar Gem

Duk mai ɗakin gem a Nima, Mamobi, Sabon Zango ko Madina ya san wannan: yaro ya zo da filash, ya ce ga ajiyar da aka buɗe komai a cikinta, a zuba masa. A zuba, na'ura ta ce fayil ya lalace. A sake zubawa, ta maimaita. Sai a fara zargin filash, a koma zargin mai gyaran Circle, unguwar masu gyaran na'urori a Akara, da ya buɗe na'urar, daga ƙarshe a yi fomat, wasan wata shida ya bi ruwa. Alhali sau da yawa fayil ɗin lafiyarsa ƙalau, gidan da aka kai shi ne ba nasa ba.

In mun ce ajiya, muna nufin abin da yara ke kira seb. Buɗaɗɗiyar na'ura kuwa ita ce wadda aka cire mata takunkumin kamfani: FreeMcBoot a PS2, HEN ko CFW a PS3, GoldHEN a PS4, RGH a Xbox 360. Sunayen da ke fitowa a allo mun bar su yadda na'ura ke rubuta su, don kada mutum ya ɓata wajen nema.

Maigida, na kwafo ajiya daga na'urar abokina, tawa ta ce ta lalace. Da gaske ta lalace?

Da wuya. Kowace ajiya tana ɗaure da abu uku, kuma in ɗaya ya saɓa, saƙon da za ka gani kusan iri ɗaya ne.

Na farko lambar wasan. Wasa ɗaya yana fitowa da lamba daban a Turai, Amurka da Jafan, na'ura kuma lambar take karantawa, ba sunan da ke jikin kwali ba. Na biyu mai ajiyar. Daga PS3 da Xbox 360 zuwa sama, ana rubuta shaidar asusun mai ita a cikin ajiya, a buga mata hatimi. Ka canza ko da bayit ɗaya ba ka sake buga hatimin ba, za a ƙi ta. Na uku zubin wasan. Ajiyar da aka yi bayan wasa ya sha sabuntawa ta 1.12, alal misali, ba lallai ta buɗe a wanda ke kan 1.00 ba, domin sabuwar ta ƙunshi abubuwan da tsohon bai sani ba. Daga tsoho zuwa sabo akan wuce lafiya, komawa baya ne ke da wuya.

Ka bi su ɗaya bayan ɗaya a wannan jerin. Lamba ce ta fi kama mutane.

Ta yaya zan san lambar wasana?

Wannan matsalar ta fi damunmu a nan fiye da wurare da yawa, saboda na'urori da fayafayan gwanjo da ke shigowa ta tashar jirgin ruwa ta Tema a cakuɗe suke. Na Ingila, na Jamus da na Amurka duk a tebur ɗaya ake baje su. Mutum biyu a layi ɗaya suna buga wasa ɗaya, amma ajiyarsu ba ta shiga ta juna.

A PS2, lambar Turai tana farawa da SLES ko SCES, ta Amurka SLUS ko SCUS. GTA San Andreas na Turai SLES_525.41 ne, na Amurka SLUS_209.46. Foldar ajiyarsa a memori tana farawa da BESLES-52541 ko BASLUS-20946. A PS3, faifan Turai BLES ko BCES ne, na Amurka BLUS ko BCUS, wanda aka sauko da shi daga shagon Sony kuma NPEB ko NPUB. GTA V na Turai BLES01807 ne, na Amurka BLUS31156. A PS4 duka da CUSA suke farawa, lambobi biyar na baya ne ke bambanta, don haka kallon harufa ba ya wadatarwa. Xbox 360 tana da Title ID mai harafi takwas, da kuma Media ID.

Lambar tana rubuce a jikin faifai da gefen kwali. In babu faifan, manhajojin kunna wasa, OPL a PS2 da multiMAN a PS3, suna nuna ta a jerin wasanni, Aurora ta Xbox 360 ma haka. Hanya mafi sauƙi ita ce ka kunna wasan, ka yi sabuwar ajiya, ka duba sunan foldar da ya ƙirƙira.

Me zan fara yi kafin in taɓa komai?

Kwafi biyu na ajiyar asali, ɗaya a filash, ɗaya a kwamfuta ko waya, a folda mai kwanan wata. A kan kwafi ake aiki, ba a kan uwar ba. Haka ma EBOOT.BIN na PS3 ko default.xex na Xbox 360, fayilolin da ke tayar da wasa, in za ka sauya su: sa wa na asali wani suna ka bar shi a gefe. Aikin minti biyu ne. Mai shago kuwa ya yi wannan a gaban mai na'ura, ya nuna masa inda kwafin yake.

Wane irin fomat ya kamata filash ɗina ya zama?

PS2, PS3 da Xbox 360 FAT32 suka sani. PS4 tana karɓar FAT32 da exFAT, ba ta ganin NTFS. PS3 da kanta ba ta karanta NTFS, amma IRISMAN, multiMAN da webMAN MOD suna iya ɗauko fayil daga ciki. Sababbin fitowar OPL daga 1.2.0 suna karanta exFAT, tsofaffin ba sa yi.

Iyakar FAT32 ita ce fayil ɗaya ba ya kai gigabayit 4. Ko filash ɗin na gigabayit 128 ne, kwamfuta za ta ce fayil ya yi girma. Ba wuri ne ya ƙare ba, dokar tsarin ce. Windows kuma ta saba ƙin yin FAT32 a kan abin da ya haura gigabayit 32 ta hanyar da aka saba, sai an nemo guiformat ko Rufus. Wajen yin fomat a zaɓi MBR, kada a zaɓi GPT, domin tsofaffin na'urori ba sa ganin GPT ko kaɗan. Filash ya kawo wuta, na'ura ta yi kamar ba a sa komai ba.

Akwai kuma jabun filash, kuma suna nan birjik a hannun masu talla. An rubuta 128 a jiki, ainihin cikinsa 8 ne ko 16. Zai karɓi duk abin da ka tura, ya nuna maka sunayen fayiloli daidai, amma abin da ya wuce ainihin girmansa ya tafi. Alamarsa ita ce wasan farko da ka zuba yana tashi, na baya duk suna mutuwa. Sai an gwada akan san na ƙwarai: sa shi a H2testw, ya cika shi ya karanta. Yana cin lokaci, amma ya fi ka kwana kana zargin na'ura.

Yaya ake sa ajiyar da aka sauko da ita a memorin PS2?

Duba ƙarshen sunan fayil ɗin. In .psu ne, aiki ya zo da sauƙi. In .max ne, .cbs ko .xps, na tsofaffin kayan Action Replay, CodeBreaker da X-Port ne, sai ka juya shi zuwa .psu a kwamfuta da PS2 Save Builder ko mymc.

Sa .psu ɗin a filash, buɗe uLaunchELF, manhajar sarrafa fayiloli a PS2, shiga FileBrowser. mass:/ shi ne filash, mc0:/ memorin rami na ɗaya, mc1:/ na rami na biyu. Yi wa fayil ɗin alama, danna R1, zaɓi Copy. Shiga mc0:/, sake danna R1, zaɓi psuPaste, ba Paste kawai ba. In ka yi Paste, fayil ɗin zai zauna a dunƙule, wasa ba zai gan shi ba, kuma allon memori zai nuna shi kamar lalatacce. psuPaste ne ke warware shi ya zama folda, da icon.sys ɗinsa da kwanan watansa. Ta wannan hanyar dai ake fitar da ajiya: Copy daga mc0:/, psuPaste a mass:/.

In akwai tsohuwar ajiyar wasan a memorin, fitar da ita tukun sannan ka goge. Kada ka taɓa foldar BOOT, SYS-CONF, da duk wadda sunanta ya ƙare da EXEC-SYSTEM, su ne FreeMcBoot ɗin kansa. Kuma ba a kwafar FreeMcBoot daga wannan memori zuwa wancan kamar ajiya, domin an ɗaure shi da katin da aka girka shi, sai an sake girkawa. Shawararmu ita ce memorin asali mai megabayit 8 ya riƙe FreeMcBoot, ajiyoyi su tafi kati na biyu ko VMC, wato memorin da OPL ke ƙirƙira a cikin filash. Manyan katunan nan na 64 da 128 ba na Sony ba ne, kuma sun fi saurin cinye ajiya.

Na zuba wasa a filash, OPL bai nuna shi ba, ko ya tsaya a baƙin allo.

Wasan DVD a foldar DVD, na CD a foldar CD, duka a bakin filash, ba cikin wata folda ba. Tsohon OPL yana son suna ya fara da lambar wasa, kamar SLES_525.41.GTA SA.iso. Wanda ya haura gigabayit 4, irin God of War II, ba zai shiga FAT32 ba sai USBUtil ya yanka shi gunduwa-gunduwa na gigabayit ɗaya, tare da ul.cfg, fayil ɗin da ke riƙe da jerinsu. In ul.cfg ya ɓata, duk yankakkun wasannin za su ɓace daga jeri ko da gunduwoyin suna nan.

Baƙin allo kuwa yawanci tarwatsewar fayil ce. In ana ta gogewa ana zubawa, wasa yakan rarrabu a wurare da yawa cikin filash, tsohon OPL kuma yana son shi a jere. Kwashe komai zuwa kwamfuta, yi fomat, mayar da su ɗaya bayan ɗaya. In har yanzu ya ƙi, gwada Mode 1 zuwa 6 a saitin wasan, ɗaya a lokaci guda.

Bidiyon cikin wasa da ke tsattsayawa ba laifin fayil ba ne. Ramin USB na PS2 na zamanin 1.1 ne, megabit 12 a daƙiƙa iyakarsa. Maganinsa rumbun ciki a babbar PS2 mai adaftar baya, ko wayar sadarwa daga kwamfuta, ko MX4SIO, adaftar katin SD da ke shiga ramin memori. Hoto ya fito fari da baƙi a tsohuwar talabijin? Wasan NTSC ne na Amurka, Gana kuma a tsarin PAL take. GSM na cikin OPL yana iya tilasta masa PAL.

Za a iya mayar da ajiyar Amurka ta zama ta Turai?

Wani lokaci. A PS2 ana canza sunan folda daga BASLUS zuwa BESLES da lambar da ta dace, kuma in akwai fayil a ciki mai suna irin na foldar, shi ma a canza. A PS3 ana canza sunan folda da layin SAVEDATA_DIRECTORY a cikin PARAM.SFO, sannan a sake buga hatimi. Yana aiki ne in tsarin cikin ajiyar iri ɗaya ne a shiyyoyin biyu. Na Turai sau da yawa suna ɗauke da zaɓin harsuna da na Amurka ba su da shi, wannan kaɗai na iya karkatar da komai. In ta ƙi sau ɗaya, nemo ta shiyyarka ya fi.

PS3 ta ce ajiyar ta wani ce, ba za ta bar ni in ci gaba da ita ba.

A cikin foldar ajiyar PS3 akwai fayil biyu masu tsaro. PARAM.SFO yana ɗauke da shaidar asusun mai ita da alamar hana kwafa. PARAM.PFD yana ɗauke da lissafin da ke tabbatar da cewa ba a taɓa sauran fayilolin ba. Dole a gyara su tare.

A da sai an je kwamfuta an yi da Bruteforce Save Data. Yanzu Apollo Save Tool yana yi a kan na'urar kanta. Sa foldar a filash ta wannan hanya: PS3, cikinta SAVEDATA, cikinta foldar ajiyar, duk da manyan baƙaƙe. Shiga da mai amfanin da zai mallaki ajiyar, domin Apollo shaidar wanda ke ciki yake ɗauka. In HEN kake, kunna shi tukun. Buɗe Apollo, shiga USB Saves, zaɓi ajiyar, danna Apply Changes & Resign, sannan ka kwafe ta zuwa rumbun ciki daga nan cikin Apollo ɗin.

Inda ake yawan kuskure shi ne folda cikin folda. An warware zip, ya haifar da wata folda a saman ta ainihi, na'ura ta leƙa ba ta ga PARAM.SFO ba, ta ce babu komai. Sai kuma ɗakin gem mai masu amfani uku ko huɗu a na'ura ɗaya: a buga hatimi da sunan wannan, a shiga wasa da sunan wancan. A rumbun ciki kowa da ɗakinsa, /dev_hdd0/home/00000001/savedata na farko, 00000002 na biyu, haka har ƙarshe.

PKG ya ƙi girkuwa a PS3, ko ya girku wasan ya ƙi tashi.

PKG, wato fayil ɗin girka wasa, a bakin filash ake sa shi, a girka ta Package Manager. In ya haura gigabayit 4, tura shi daga kwamfuta ta FTP, hanyar aika fayil ta sadarwa, da manhajar FileZilla zuwa /dev_hdd0/packages, da waya ba Wi-Fi ba, domin Wi-Fi na PS3 tafiyar hawainiya yake. Ka tabbata akwai wuri ninki biyu na girmansa, saboda PKG ɗin da abin da ya fito daga cikinsa za su zauna tare kafin ka goge na farkon. In girkawa ta tsaya a tsakiya, kusan kullum fayil ɗin ne bai sauko duka ba, ko filash ɗin ne. Gwada girmansa da na asali, bayit da bayit.

Jeri yana da muhimmanci: uwar wasa, sai sabuntawa daga ƙarama zuwa babba ba tsallake, sai ƙarin kaya. A PS3 wasanni da yawa kowace sabuntawa a kan ta baya take hawa. Kuma duk su zama lamba ɗaya, sabuntawar BLUS ba ta hawa wasan BLES.

In ya girku ya fito da 80010017 ko ya tsaya a baƙin allo, tambayi kanka abu uku. Ka kunna HEN bayan tashin na'ura? Super Slim da Slim ta 3000 yawanci HEN suke ɗauka, kuma yana sauka duk lokacin da aka kashe. An sauya EBOOT.BIN da wanda aka yi domin wata sabuntawar daban? Mayar da na asali. Akwai ragowar tsohuwar girkawa? Goge ta a Game Data Utility. Ka lura da kyau, Game Data Utility daban, Saved Data Utility daban, suna maƙwabtaka a allo, kuma na biyun ne ke riƙe da guminka.

Abin da ka saya a shagon Sony yana tafiya da lasisi. Kafin ka canza rumbu ko ka goge mai amfani, sa Apollo ya fitar maka da lasisinka a matsayin .rap, ka adana. Wurin zamansu foldar exdata.

Ina so in ƙara kuɗi a cikin wasa da kaina. Yaya ake yi?

Fara duba ko Apollo yana da gyaran wasan a jerinsa. In yana da shi, yi masa alama ka huta, domin zai gyara lissafin tantancewa da kansa. In babu, ga hanyar hannu.

Yi ajiya lokacin da kuɗinka yake, a ce, 5000. Sayi wani abu, sake yin wata ajiyar. Sa Apollo ya fitar da su biyun a warware, domin a kulle suke a PS3 da PS4, ba abin da za ka gane. Buɗe su a kwamfuta da HxD, manhajar da ke nuna bayit ɗin fayil a lissafin heks, wato mai tushe 16. 5000 a lissafin heks 1388 ne, amma yadda ake jera shi ya danganta da na'ura. PS3 da Xbox 360 suna fara rubuta babban bayit: 00 00 13 88. PS2, PSP da PS4 suna juya shi: 88 13 00 00. Mutane da yawa a nan suke sarewa, su nema a juye su ce babu. In ka sami wuri fiye da ɗaya, ajiya ta biyu ce za ta raba gardama: wurin da ya koma sabon adadin shi ne naka.

Rubuta a kan lambobin, kada ka cusa sababbi. Girman fayil bai kamata ya ƙaru ko da bayit ɗaya ba. Kuma kada a yi haɗama. 999,999 shi ne 00 0F 42 3F a PS3, ya isa komai. Wanda ya cika FF FF FF FF yana neman mafi yawa, wasanni da dama za su karanta shi a matsayin ɗaya ƙasa da sifili, domin iyakar irin wannan gurbin 2,147,483,647 ce. Garin neman gira a rasa ido ke nan.

In ka mayar, ka buga hatimi, wasan ya ce ta lalace, to yana da nasa lissafin na ciki ban da na Sony, wanda ke tara bayit ɗin fayil ya gwada da adadin da ya ajiye. Irin wannan sai da manhajar da aka yi domin wasan.

A PS4 lambar CUSA ɗaya ce, na buga hatimi, amma ta ƙi.

Keystone ne. Ƙaramin fayil ne da ke tafiya da kowane wasa, ajiya kuma tana riƙe da shaidarsa. Wasan da aka kwashe daga faifai aka sake naɗe shi a PKG yana iya fitowa da keystone daban da na faifan, sai ya ƙi ajiyar da shi kansa ya yi a da.

Hanyar da ta fi tabbas ita ce dashe. Kunna wasan a na'urarka, yi sabuwar ajiya. Sa Apollo ya warware baƙuwar ajiyar ya fitar da fayilolin cikinta. Sannan shigar da su cikin sabuwar taka, su hau kan na ciki. Kwanon naka ne, tuwon ne kawai na baƙo. Kada ka jefa fayilolin ajiya ta FTP kai tsaye, PS4 tana da rajistar ajiyoyi, abin da ba ya cikinta ba ta ganinsa. In na'ura ta ƙi barinka ka kwafi ajiya zuwa filash, asusun ne ba a kunna ba, Apollo yana kunna shi ba tare da intanet ba.

Wajen girkawa, PKG a bakin filash na exFAT, a shiga Debug Settings, Game, Package Installer. Sabuntawar PS4 ta ƙarshe ta ƙunshi na baya, ita kaɗai ta isa. Amma dole a ce an naɗe ta ne domin ainihin uwar da ke na'urarka, in ba haka ba za ta ƙi hawa ko da CUSA ɗaya ne. Wasan da ke neman manhajar tushe, wato firmware na na'urar, sama da taka, a ce kana 9.00 yana son 11.00, ba zai tashi haka nan ba. Kada wannan ya sa ka sabunta na'urar, domin PS4 ba ta komawa baya da filash. Shiga Automatic Downloads ka cire duk alamomin tun yau.

Xbox 360 fa?

Ajiya tana cikin Content, sai foldar shaidar mai ita mai harafi 16, sai Title ID, sai 00000001. Buɗe ajiyarka ta kanka a manhajar Horizon a kwamfuta, kwafi Profile ID, Device ID da Console ID. Buɗe baƙuwar, liƙa su, danna Save, Rehash and Resign, mayar da ita foldarka. Sabuntawar wasa kuma da Media ID take tafiya, ba Title ID kaɗai ba, Aurora yana nuna wadda ta dace. In daga Amurka na'urar ta zo, karanta jikin tubalin wutarta kafin ka jona. Na can 110 ne, wutarmu 230.

Yaya, ina son ƙungiyoyin ƙwallonmu Kotoko da Hearts su fito a wasan ƙwallo na PES da rigunansu.

Wannan ba ya ma buƙatar buɗaɗɗiyar na'ura a PS4. Daga PES 2017 zuwa 2021, yi folda mai suna WEPES a bakin filash, zuba fayilolin ƙungiyoyi da hotunan riguna a ciki. A wasan shiga Edit, Import/Export, Import Team. In kana son 'yan wasan su shigo ba riga kaɗai ba, yi alama a zaɓin da ke ɗauko bayanan 'yan wasa. Kashe Live Update, in ba haka ba zai hau kan aikinka. Fayil ɗin PES 2020 ba na 2021 ba ne, kuma wanda aka yi a kan wani Data Pack yana iya cakuɗa fuskoki da sunaye a wanda bai kai shi ba. In ka ga jar rigar Kotoko a jikin 'yan wasan da ba ka sani ba, nan za ka duba.

A PS2 kuwa ajiya ce kamar kowace, foldarta tana ƙarewa da OPT, da psuPaste ake sa ta. Sai dai gyararrun PES da ke yawo a kasuwa kowane da lambar da mai gyaran ya bar masa, don haka duba sunan foldar da naka ya ƙirƙira kafin ka nemo.

An ɗauke wuta ana cikin ajiya, yanzu na'ura tana ta kawo saƙo.

Dumsor, wato yawan ɗaukewar wuta, ya fi kowane kuskuren hannu cin ajiya, kuma irin wannan lalacewar ta gaske ce: an rubuta rabi, rabi bai samu ba. Hatimi ba ya gyara ta, kwafin da ka adana ne kaɗai zai cece ka. Ɗakin gem ya kamata ya sami UPS, batirin da ke riƙe wuta in an ɗauke, ko da ƙarami ne mai 650VA. Ba don a ci gaba da wasa ba, don a sami 'yan mintocin kashewa cikin natsuwa.

A PS3 riƙe maɓallin wuta har ta mutu, sake riƙewa har ka ji ƙara biyu a jere, jona hannun wasa da waya. Zaɓi na 3, Restore File System, sannan na 4, Rebuild Database. Na 5 yana share komai, kada ka kusance shi. A PS4 riƙe maɓallin kamar daƙiƙa 7 har ƙara ta biyu, na 5 ne Rebuild Database, na 6 da na 7 sharewa ne. Bayan wannan, a buɗaɗɗiyar PS4, wasannin da ka girka za su iya ɓacewa daga allo. Suna nan a rumbu, kada a yi fomat. Kunna GoldHEN, Apollo yana da wurin da ke dawo da su jeri.

Zan iya shiga intanet da gyararriyar ajiya? Kuma ya halatta?

Kada ka shiga. Sony da Microsoft suna rufe asusu, suna kuma rufe na'urar kanta, wanda ya saya daga hannunka ma ya gaji hukuncin. Ban da haka, shiga gasa da mutane da kuɗi ko ƙarfin da ba ka nema ba cuta ce. Mai sayar da buɗaɗɗiyar na'ura ya faɗa wa mai saye gaskiya.

Gyara ajiyarka, da kwashe faifanka don idon na'ura ya gaji ko faifan ya karce, abu ne daban da kwafar wasannin mutane ana sayarwa. Gana tana da dokar haƙƙin mallaka ta 2005, Act 690, kuma ta shafi manhajar kwamfuta. Bayanin da ke nan domin abin da ka mallaka ne.

Zan sa wa PS3 ko PS4 babban rumbu. In na mayar da tsohon a kwamfuta zan ga ajiyoyina?

A'a. Rumbun kowace na'ura a kulle yake da mabuɗinta. Windows za ta ce a yi masa Initialize, in ka yarda ka ɓata shi. In ka sa shi a wata PS3 ko PS4, fomat za ta nema. Don haka a fitar da ajiyoyi da lasisi zuwa filash tun na'urar tana kan tsohon rumbun. Sabon ya zama mai inci 2.5, kaurinsa kada ya wuce milimita 9.5. PS4 za ta nemi cikakken fayil ɗin manhajar tushe a filash, a PS4, cikinta UPDATE, da suna PS4UPDATE.PUP, kuma ya zama na lambar da take kai, ba sabon da ke shafin Sony ba. Ajiye tsohon rumbun a aljihun tebur, kada a goge shi sai an buɗe kowace ajiya a sabon an ga ta tashi.